Neosho, Jirgin Dakon Man da Ya Sha Dukan Wasu

Jama'a masu sauraro, barkanmu da wannan lokaci.

Idan ana hirar yaƙin teku, manyan jirage ake ambata, masu dogayen bindigogi da masu goye da jiragen sama a gadon bayansu. Da wuya ka ji an yi wa jirgin dakon mai kirari. To a sharhinmu na yau shi za mu waiwaya, wani jirgi na rundunar sojan ruwan Amurka mai suna Neosho, wanda bai cika shekara uku a bakin aiki ba, amma sau biyu yana tsintar kansa a tsakiyar wuta a Yaƙin Duniya na Biyu.

Tekun Fasifik ba wurin wasa ba ne. Daga Hawai zuwa gaɓar Ostiraliya tafiyar dubban kilomitoci ce, kuma ƙananan jiragen yaƙi masu rakiya, idan suna zuba gudu, cikin 'yan kwanaki tankinsu ke ƙafewa. Duk girman bindigar jirgi, ranar da mansa ya ƙare ya zama tulin ƙarfe a kan ruwa. Saboda haka iyakar inda runduna za ta kai hannu, jirgin dakon mai ne ke shata mata shi.

Amurkawa sun gane haka tun kafin a fara harbi. A farkon 1938 hukumar jiragen ruwa ta gwamnati ta ƙulla yarjejeniya da kamfanin mai na Standard Oil na jihar New Jersey a kan gina jiragen dako goma sha biyu. Kamfanin dai bai damu da sauri ba, domin ɗan kasuwa ya fi son jirgin da ke tafe a hankali yana shan mai kaɗan, kamar kilomita 23 a awa. Soja kuwa so yake jirgin ya iya bin sawun runduna. Sai gwamnati ta ce a sa manyan injuna da farfela biyu, ita za ta biya kuɗin ƙarin, da sharaɗin in buƙata ta taso za ta karɓe jiragen. Haka aka samu jirage masu gudun kusan kilomita 33 a awa, tsawon kowanne mita 169, cikinsa na ɗaukar ganga 146,000 na mai. Na farkonsu shi ne Cimarron, kuma da sunansa ake kiran zuriyar gaba ɗaya. Don ku ji irin ingancin ginin, huɗu daga cikin goma sha biyun daga baya rufi aka shimfiɗa musu, aka mayar da su jiragen dakon jiragen sama.

Neosho a garin Kearny na jihar New Jersey aka gina shi, aka tura shi ruwa a watan Afrilun 1939, ya shiga aikin soja a watan Agusta na shekarar. Sunan wani kogi ne da ya ratsa jihohin Kansas da Oklahoma, don al'adar rundunar ce ta raɗa wa jiragen mai sunayen koguna. Sojojin ruwa kuwa ba su bar shi haka ba, laƙabi suka manna masa mai ma'anar "Ƙatuwar Mace", saboda faɗin jikinsa da yadda yake nutsewa idan ya sha kaya.

Aikin nasa ba na mai gyangyaɗi ba ne. Jirage biyu ne za su jera kafaɗa da kafaɗa a tsakiyar teku, dukansu suna tafiya, tazarar da ke tsakaninsu ba ta wuce jifan dutse ba. A harba siririyar igiya, a jawo babba da ita, sannan a rataya baƙar mesa mai kauri a miƙa ta can. Ruwa na tafasa a tsakanin jiragen, igiyar ruwa na ɗaga wannan tana sauke wancan, matuƙi ya kafe ido a kan alƙibla don ya san in ya kauce kaɗan, ko a yi karo ko mesa ta tsinke ta yi wa mutane wanka da baƙin mai. Af, kuma mutumin da ya karɓi jagorancin rundunar Fasifik a ƙarshen 1941, Admiral Chester Nimitz, ɗan gida ne a wannan sana'a. A 1917 yana ƙaramin hafsa a jirgin mai na Maumee, yana cikin waɗanda suka fara shayar da jiragen yaƙi a tsakiyar Tekun Atilantika.

Ranar 7 ga Disamba 1941, da jiragen saman Japan suka faɗa wa Pearl Harbor, tashar sojan ruwan Amurka da ke Hawai, Neosho na ɗaure a tsibirin Ford, a layi ɗaya da manyan jiragen yaƙin da aka zo kashewa. Bai daɗe da gama sauke fetur ɗin jiragen sama ba, kuma duk wanda ya san fetur ya san tankin da aka juye ya bar tururi ya fi cikakke haɗari. Kwamandan jirgin, John Phillips, ya duba ya ga babu kowa a kan gaɓa da zai kwance masa igiyoyi, sai ya sa aka sassare su. Ya ja jirgin da baya, ya gifta dab da jirgin yaƙi na Oklahoma wanda ya riga ya kife, ya kai shi wani lungu na tashar ba tare da ya rasa mutum ko ɗaya ba. An ba shi lambar yabo a kan wannan, kuma a ganina ya ci ta da guminsa.

Bayan nan ne darajar irin waɗannan jirage ta fito fili. A watan Janairun 1942 wani jirgin ƙarƙashin ruwa na Japan ya nutsar da tsohon jirgin mai na Neches, sai kawai aka soke farmakin da aka shirya kaiwa tsibirin Wake. Jirgin dako ɗaya ya tafi, runduna guda ta juya gida.

A watan Mayun 1942 Japan ta nufi kama Port Moresby a tsibirin New Guinea, wanda daga can Ostiraliya ta shiga uku. Admiral Frank Fletcher ya tare su a Tekun Murjani da jiragen dakon jiragen sama biyu, Yorktown da Lexington, Neosho na biye yana shayar da su. Ranar 6 ga wata, da Fletcher ya ji ƙamshin faɗa, ya katse shan man, ya tura Neosho kudu inda yake zaton babu haɗari, ya haɗa shi da ɗan rakiya guda ɗaya tak mai suna Sims.

A nan nake da ja. Waɗanda suka tsara jirgin sun yi tunanin gudu, sun yi tunanin ciki, amma bindigogin da aka ɗora masa ƙalilan ne, ba su isa korar garken jiragen sama ba. Kuma abin da runduna duka ta dogara da shi, sai aka bar shi da mai gadi ɗaya. Za a ce jiragen rakiya sun yi ƙaranci a lokacin, kuma gaskiya ne. Amma wanda ya ga abin da ya faru da Neches wata uku da rabi kafin nan, bai kamata ya yi wannan arahar ba.

Da safiyar 7 ga Mayu, masu leƙen asirin Japan suka hango jiragen biyu daga sama. Doguwar shimfiɗar Neosho ta ruɗe su, suka aika rahoto cewa ga jirgin dakon jiragen sama da babban ɗan rakiyarsa. Nan take aka taso jirage 78 daga Shokaku da Zuikaku, jiragen dakon jiragen sama na Japan. Suka iso, suka yi ta shawagi suna neman abin da babu. Da suka tabbatar an yi kuskure, masu ɗauke da nakiyar ruwa da masu kariya suka koma, aka bar masu jefa bam 36 su huce haushi a kan abin da ya samu. Bam uku suka raba Sims gida biyu, ya nutse, mutum 14 kacal suka tsira cikin 192. Neosho ya sha bam bakwai, ga kuma wani jirgin da aka harbo ya faɗo masa a kai yana ci da wuta. A daidai wannan safiya jiragen saman Amurka suna can suna nutsar da Shoho, wani ƙaramin jirgin dakon jiragen sama na Japan, su kuwa Yorktown da Lexington babu wanda ya taɓa su ranar. Dukan da aka tanadar musu, Neosho ne ya shanye.

Abin mamaki, bai nutse ba. Cikinsa ɗaki-ɗaki ne na tankuna, da yawansu an riga an juye, iskar da ke ciki ta riƙe shi a kan ruwa duk da ya karkata sosai. A can ƙasa wajen tukwanen tururi, wani babban ma'aikaci mai suna Oscar Peterson, jikinsa duk ƙuna, ya lallaɓa shi kaɗai ya rufe bawul-bawul na tururi, ƙunar ta ƙaru, ya rasu bayan kwana shida. An ba shi lambar yabo mafi girma ta sojan Amurka bayan mutuwarsa.

Sai dai kurakurai biyu sun ci rayuka fiye da kima. Kwamanda Phillips ya ce a yi shirin barin jirgi, cikin hayaƙi da ruɗani wasu suka ji kamar an ce a fice, suka yi ta faɗawa ruwa, iska ta yi gaba da kwale-kwalen cetonsu marasa inji. Na biyu kuma, wurin da aka sanar ta rediyo cewa jirgin yake, an yi kuskuren lissafinsa, masu ceto suka tafi can wani wuri suna lalube. Kwana huɗu jirgin na yawo a karkace, rana na dukan masu rauni a kan ƙarfe. Kashegarin harin aka yi babban karon, Lexington ya nutse, Shokaku ya ji jiki, Japan ta fasa zuwa Port Moresby, Fletcher kuma ya janye yana lissafin ɗan man da ya rage masa, tun da mai shayar da shi ya tafi.

Ranar 11 ga Mayu wani jirgin sintiri ya hango su daga sama, jirgin yaƙi na Henley ya iso ya kwashe mutum 123, na Neosho 109 da na Sims 14. Daga nan Henley ya juya bindigoginsa da nakiyoyinsa a kan Neosho har ya ga nutsewarsa. Su kuwa mutum 68 da suka ɗaure kwale-kwalensu wuri guda iska ta tafi da su, sai bayan kwana tara jirgin Helm ya same su, huɗu ne suka rage da rai.

Masu sauraro, nan muka kawo ƙarshen sharhin namu na yau. A huta lafiya.