Furen da Ya San Ƙarfe Nawa

Assalamu alaikum masu kallo. A labaran ƙage na duniyar tsafi da aljanu akwai wani fure da marubuta ke son ƙirƙira, wato furen lokaci. Wani ya ce a ƙwanƙolin dutse yake fitowa, sau ɗaya a ƙarni. Wani ya ce in ka taɓa shi zai nuna maka abin da ya auku a wurin tun kafin a haifi kakanka. Babu wannan fure a ko'ina sai a zuciyar mai ba da labari. Sai dai ba daga sama tunanin ya faɗo ba, domin tsirrai na gaskiya suna ƙirga lokaci, kuma abin da suke yi ya isa ya sa mutum ya riƙe baki.

Ku dubi itacen tsamiya. Da magariba ƙananan ganyenta suna haɗewa su kwanta, da safe su buɗe. Manoma sun san gyaɗa ma haka take yi. Fiye da shekara 2,300 da suka wuce, wani Bagirke mai suna Androsthenes, cikin jagororin jiragen ruwan Sarki Iskandar na Masedoniya, ya rubuta wannan hali na tsamiya a tsibirin da yanzu ake kira Bahrain. Kowa ya ɗauka amsar a fili take: rana ta fito ganye ya buɗe, duhu ya shigo ya rufe.

Sai a 1729 wani masanin taurari Bafaranshe, de Mairan, ya gwada. Ya ɗauki tsiron nan mai kunya, wanda ganyensa ke naɗewa da zarar an taɓa shi, ya ajiye shi a wuri mai duhu inda hasken rana ba ya kaiwa. Gari ya waye a waje, tsiron ya buɗe ganyensa cikin duhun. Dare ya yi, ya rufe. Wa ya gaya masa? Ashe agogon a jikinsa yake. Yanzu masana sun gano cewa wasu sinadarai a cikin ƙwayoyin halitta suna taruwa suna raguwa, zagaye ɗaya cikin kusan awa 24, hasken asuba kuma yana saita su kullum don kada su kauce. Irin wannan agogo yana jikinmu mu ma, shi ke kawo mana barci. Masu bincike uku 'yan Amurka da suka bayyana yadda yake aiki a jikin ƙudajen 'ya'yan itace sun samu kyautar Nobel a 2017.

Daga nan sai Carl Linnaeus, masanin tsirrai ɗan Suwidin. Ya shafe shekaru a garin Uppsala yana rubuta sa'ar da kowane fure ke buɗewa da sa'ar da yake rufewa. Akwai wanda ke buɗewa tun ƙarfe 3 na dare, akwai mai jiran hantsi. A 1751 ya kawo shawarar agogon furanni: a jera su a lambu bi da bi, mutum ya duba wanda ya buɗe ya san ƙarfe nawa. A ganina wannan shawara ta fi furannin tsafi da yawa kyau. Masu lambun da suka gwada ta daga baya sun sha wuya, don hadari da sanyi da tsawon yini suna sauya sa'ar, kuma furen da ke buɗewa ƙarfe 5 a Uppsala ba lallai ya yi haka a wata ƙasa ba.

To mene ne amfanin wannan lissafi ga furen? Baƙi yake jira. Mai son ƙudan zuma ya buɗe da safe, mai son ƙwarin dare ya jira duhu sannan ya saki ƙamshi. Wani bincike na Jami'ar Kalifoniya da ke Davis a 2016 ya nuna cewa furen rana, yana ƙarami, yana bin rana daga gabas zuwa yamma, cikin dare kuma ya juyo gabas tun kafin ta fito. In ya girma sai ya tsaya yana fuskantar gabas, ya ɗumama da wuri, ƙudan zuma su yi masa dafifi.

Wasu kuma shekaru suke ƙirgawa. A duwatsun kudancin Indiya akwai furen kurinji mai shuɗin launi, wanda ke rufe tuddai sau ɗaya cikin shekara 12. Ya yi a 2006, ya yi a 2018, ana jiransa a 2030.

Wanda ya fi girgiza ni daga Saberiya ya fito. Masanan Rasha sun tono ramin wani kurege da ya daskare cikin ƙasar ƙanƙara, suka tarar da 'ya'yan wani ɗan tsiro da kuregen ya ɓoye fiye da shekara 30,000 da suka wuce. Suka ciro wani ɓangare na cikin 'ya'yan, suka rene shi a ɗakin gwaji. A 2012 suka sanar cewa ya tsiro, ya yi fararen furanni, ya ba da iri, irin kuma da aka shuka shi ya fito.