Beat Takeshi da Takeshi Kitano: mutum biyu ne ko ɗaya?

Ku kunna fim ɗin Japan mai suna Violent Cop, ku tsayar da hoton daidai inda sunaye ke fitowa. Jarumi: Beat Takeshi. Darakta: Takeshi Kitano. Masu musu a kai, ku huta, mutum ɗaya ne. In ya tsaya gaban kyamara Beat ne, in ya koma bayanta sai ya ɗauki sunansa na yanka.

An haife shi a Tokyo a 1947. Ya watsar da karatun injiniya a Jami'ar Meiji, ya kama aikin tuƙa lif a wani gidan wasa a unguwar Asakusa, daga nan ya shiga barkwancin mutum biyu da ake kira manzai. Sunan ƙungiyarsu Two Beats, can Beat ɗin ya samo asali. Eh, shi ne dai mai gidan Takeshi's Castle, shirin talabijin ɗin nan inda mutane ke faɗawa cikin taɓo.

To ga inda ake ruɗewa. Mutane na zaton ya daɗe yana shirin zama darakta. Ina! A fim ɗin Violent Cop na 1989 jarumi kawai aka ɗauke shi. Kinji Fukasaku ne zai ba da umarni, amma shirye-shiryen talabijin sun cinye wa Takeshi lokaci, ranakun ɗauka suka ƙi daidaituwa, Fukasaku ya janye. Sai aka miƙa wa ɗan barkwanci kujerar.

Labarin ma ba nasa ba ne, Hisashi Nozawa ya rubuta, kuma sunansa ne a allo. Abin da Takeshi ya yi shi ne sa almakashi: ya zubar da surutu, ya kafe kyamara wuri guda. Dalili? A 1983 ya fito a mugun soja a fim ɗin Nagisa Oshima, 'yan kallo na ganin fuskarsa suka fashe da dariya. Abin ya tsaya masa a rai. Ku dube shi a Violent Cop: tafiya kawai yake, ba kiɗan tashin hankali, fuska kamar an ɗaure ta da igiya. Sai mari. Ku ƙirga, ya haura 20, kuma ba mai dariya. A ganina wannan shirun ya fi harbin bindiga ban tsoro.

Rubutunsa na kansa ya fara ne daga Boiling Point a 1990. A 1994 ya yi haɗarin babur, ɓarin fuskarsa na dama ya shanye. Motsin da kuke gani a kuncinsa a finafinan da suka biyo baya ba wasa ba ne. Fim ɗinsa Hana-bi ya ci babbar kyautar bikin finafinai na Venice a 1997, zane-zanen cikinsa ma shi ya yi su yana jinya. A 2000 kuwa ya taka malamin makaranta a Battle Royale, kuma darakta a wannan karon Fukasaku ne, wanda ya bar masa kujera shekara 11 baya.