Kwalta Ɗaya, Lamba Biyu: Abin da Ya Ɗaure Min Kai a Amurka

Assalamu alaikum jama'a, barkanmu da war haka. Ku yi haƙuri da ƙarar nan, babbar hanya ce a bayana ake zuba wa kwalta, da gangan na tsaya kusa da ita.

Kun ga motar nan da take shimfiɗa kwaltar? Idan ta zuba ta a kan titin gwamnati, a takardun ƙasar nan kamfanin yana ƙarƙashin lamba 237310. Ita dai wannan motar, da direbanta da kwaltarta, idan ta juya ta shiga harabar kanti ta shimfiɗa wurin ajiye motoci, aikin ya koma 238990. Wallahi ranar da na gane haka sai da na yi dariya ni kaɗai.

Sunan tsarin NAICS, shi ne yake ba kowace irin sana'a lambarta. Amurka da Kanada da Meziko suka haɗu suka fito da shi a 1997, ya maye gurbin tsohon da ake kira SIC, kuma duk bayan shekara biyar ake sake duba shi, na baya-bayan nan a 2022. Lamba shida ce, ana karanta ta daga hagu. 23 gine-gine ne gaba ɗaya. 236 masu gina gidaje da ofisoshi. 238 masu sana'a guda, irin su mai wayarin, mai famfo, mai rufi. A tsakiyarsu kuwa 237, manyan ayyuka ke nan: titi da gada, bututun ruwa da na ƙazanta a 237110, bututun mai da gas a 237120, layin wuta da na sadarwa a 237130. Abin da ya rasa gida sai su watsa shi 237990. Can za ka tarar da madatsar ruwa da layin dogo da yashe kogi, har da filin wasan golf. Filin golf fa, jama'a, a ɗaki ɗaya da madatsar ruwa!

To me ya dame ni da lamba? Kuɗi, ɗan'uwa. Gwamnatin tarayya tana ware wasu kwangiloli don ƙananan kamfanoni kawai, hukumar SBA mai kula da ƙananan kamfanoni kuma da wannan lambar take auna wane ne ƙarami. A yawancin sana'o'in 238, da zarar matsakaicin cinikinka na shekara ya haura dala miliyan 19, ka girma. A 237310 kuwa, mai cinikin dala miliyan 45 ma "ƙarami" ne. Miliyan arba'in da biyar! Ni da nake taƙama da tirela ɗaya da yarana ƙalilan, in na leƙa aikin titi, da irin waɗannan za a jera ni, a ce ai duk yara ne. Wane yaro? Ba don ina raina kaina ba, Alhamdu lillahi, akwai wuraren ajiye motoci a garin nan da in na wuce nakan rage gudu in kalli aikin hannuna. Amma kowa ya san tsawon bargonsa.

Wani abin da ya ƙara ba ni mamaki, injiniyan da ya zana gadar ba ya cikin 23 kwata-kwata. Shi yana can 541330, wajen masu ba da shawara, tare da lauyoyi da akantoci a babban rukuni na 54. Ni da na taso a inda "ɗan kwangila" kalma ɗaya ce, yau ya gina aji, gobe ya haƙa rijiya, jibi ya kawo kujeru, nan sai da suka yanka mutum gunduwa-gunduwa. Kai, na tuna hirar 'yan kwangila da yamma, ana shan shayi ana ƙarya... bari dai, kar in fara.

Masu yashe kogi ma nasu daban ne. Iyakarsu ta fi ta sauran 237990 ƙasa, sannan kafin a ɗauke ka ƙarami sai ka yashe aƙalla kashi 40 cikin 100 da kayan aikinka ko na wani ƙaramin kamfani. Sun san halin mutane: a karɓi aiki da sunan ƙarami, a miƙa wa babba ta bayan gida.

Yanzu gargaɗina ga 'yan'uwa masu shigowa harkar. Rajista a SAM.gov, shafin da masu neman kwangilar gwamnatin tarayya suke yin rajista, kyauta ce. Da ka fara, za ka ga saƙonni da kiraye-kiraye daga wasu da za su ce ka biya ɗaruruwan daloli su yi maka. Kada ka ba su ko sisi. Sannan kada ka zaɓi lamba don ta yi maka daɗin faɗi. Babbar lambarka ita ce ta aikin da ya fi kawo maka kuɗi, sauran ka jera su a ƙasa. Kuma ka sani ba kai kake sa wa kwangila lamba ba, jami'in da ya fitar da tallar aikin ne. In kana ganin ya sa wadda ba ta dace ba, kwana 10 kacal gare ka ka kai ƙara SBA, in ka bari suka wuce shi ke nan.

Ga mai hula can yana ɗaga min hannu, wai in matsar da motata. Sai mun haɗu a bidiyo na gaba, a gaida mutanen gida.