Matar uba da agola a fim: laccar da aka gabatar a Garwa

Assalamu alaikum. Iyayena mata da ke baya, in ba ku ji ku ɗaga hannu a ƙara sauti.

Kafin a ƙera kyamara, kakanninmu sun riga sun yanke wa matar uba hukunci. Wa bai san tatsuniyar 'yar bora da aka tura ruwan Bagaja wankin ƙirgi ba? Turawa ma haka suke, don Cinderella da kamfanin Disney ya fitar a 1950 labarin marainiya ce a hannun muguwar matar uba. Da aka fara fim ɗin Hausa a Kano wajen 1990, gadon nan aka ɗauka. Mu nan Garwa da Marwa da Ngaundare mun sha kallonsa, tun zamanin kaset har zuwa wayar hannu: uwa ta rasu, amarya ta tare, sai bin boka, sai barbaɗe a miya, sai yaro yana wanke-wanke da asuba cikin ɗari. Ƙarshenta asiri ya tonu, ta haukace ko ta durƙusa tana kuka. Da ka ga yadda ta murguɗa baki a fitowar farko ka san inda za a kwana.

A Amurka an ɗan sassauta mata. Fim ɗin Stepmom na 1998, wanda Julia Roberts da Susan Sarandon suka fito, ya nuna wadda uban zai aura tana ta fama yaran su karɓe ta, uwarsu kuma tana kishin kada a ƙwace mata 'ya'ya. Indiyawa suka sake yin sa a 2010 da Kajol da Kareena Kapoor. To amma ku lura, ba su shirya ba sai da ciwon daji ya kama uwar. Wato sai ɗaya za ta bar duniya kafin ɗayar ta samu wurin zama. Su fa gida biyu ne, yara suna kai da komo. Mu kuwa sau da yawa uwa tana da rai, ɗakinta na kallon na kishiyarta, murhu ɗaya, rabon girki kwana bibbiyu. 'Yan uba a kwano ɗaya suke sa hannu. Wannan zama, ba maita ba guba, shi ne ban cika gani a fim ba.

Wanda ya fi damuna agola ne. Ni kaina agola ne, don haka ku yi mini uzuri in na daɗe a nan. Ina shekara 6 na bi mahaifiyata gidan mijinta. Bai taɓa duka na ba, bai hana ni abinci ba. Amma ranar jajibirin sallah tela ya kawo ɗinki, 'ya'yan gidan duk yadi iri ɗaya, nawa daban. Mai kyau ne ma, wallahi. Na sa, muka tafi idi, ina tafe a gefe. Wane darakta ne zai tsayar da kyamara a kan wannan rigar? Babu kuka, babu kiɗan tausayi, ga shi har yau na san launinta.

Malamai kuna nan, ku gyara mini in na yi kuskure. Agola ba ya gadon mijin uwarsa. A mazhabar Malikiyya, idan uwa ta sake aure, riƙon yaro yakan koma hannun kakarsa ta wajen uwa, shi ya sa da yawansu suke tashi gaban kaka. Suratun Nisa'i aya ta 23 ta haramta wa mutum auren agolarsa mace. Umar ɗan Abu Salama kuwa agola ne, a gaban mijin uwarsa Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya tashi, kuma shi aka koya wa ya yi bismilla, ya ci da dama, ya ci abin da ke gabansa. A bakin akushi aka yi wannan tarbiyya.

Maƙwabtanmu na Chadi sun nuna ana iya sauke kyamara daidai tsayin yaro. A fim ɗin Abouna na darakta Mahamat-Saleh Haroun, 2002, yara biyu a Injamena sun wayi gari babu ubansu. Suka shiga silima, suka ga kamar shi ne a allo, har suka sace faifan don su sake ganin fuskarsa. Ba matar uba a ciki, amma idon yaro muka ara daga farko har ƙarshe.

Ku matasan da ke haɗa gajerun finafinai da waya kuna sawa a YouTube, ku fara tambayar agololin unguwarku me suke kiran maigidan: Baba, ko Kawu, ko kuwa sun iya zagaye maganar don kada su kira shi komai. Ni sai da na yi shekara biyu ina zagayewa.

Na ga ladan ya miƙe. Tambayoyi sai bayan la'asar.