Rijiya Ta Ba Da Ruwa, Guga Ya Hana: Yukren da Kundayen Tsarin Mulkinta a Zamanin Kwaminisanci

Masu kallo, barkanmu da wannan lokaci. Tsakanin shekarar 1919 da 1991 an rubuta wa Yukren kundin tsarin mulki har sau huɗu a ƙarƙashin 'yan kwaminisanci, wato a 1919, da 1929, da 1937, da kuma 1978. Duk wanda ya karanta waɗannan kundaye bai san abin da ke gudana a ƙasa ba, zai rantse cewa Yukren ƙasa ce mai cin gashin kanta, domin tana da majalisa, da gwamnati, da iyakoki, da tuta, kuma an rubuta ƙarara cewa tana da damar ficewa daga Tarayyar Sobiyet duk ranar da ta ga dama. Yau za mu duba yadda aka yi wannan alkawari ya zauna a takarda kusan shekara saba'in, da abin da ya sami mutanen da suka ɗauke shi da gaske.

Bayan faɗuwar sarautar Rasha a 1917, 'yan kishin ƙasa sun kafa majalisa a birnin Kiyev bisa jagorancin masanin tarihi Mykhailo Hrushevsky, suka kuma ayyana 'yancin kai a watan Janairun 1918. Su kuwa 'yan Bolshevik, mutanen Lenin, sai suka kafa tasu gwamnatin a birnin Kharkiv da ke kusa da iyakar Rasha. An yi shekaru ana gwabza yaƙi, Kiyev tana faɗawa daga wannan hannu zuwa wancan, har rundunar Bolshevik ta yi rinjaye. A Kharkiv ɗin aka amince da kundin farko a watan Maris na 1919, kuma kusan kwafin na Rasha ne da aka rubuta shekara guda kafin nan. Wannan kundi bai ɓoye manufarsa ba. Ya ce mulki na ma'aikata ne da talakawan manoma, sannan ya hana zaɓe ga wanda yake ɗaukar 'yan ƙwadago don riba, da 'yan kasuwa, da limaman coci, da tsofaffin 'yan sandan sarki. Yammacin ƙasar, inda birnin Lviv yake, bai shiga wannan tsari ba, domin yarjejeniyar Riga ta 1921 ta bar shi a hannun Polan.

A ƙarshen 1922 aka yi takaddamar da ta tsara duk abin da ya biyo baya. Stalin ya so a haɗiye Yukren da sauran jamhuriyoyi cikin Rasha a matsayin yankuna masu ɗan ƙwarya-ƙwaryar iko, Lenin kuwa ya ƙi, saboda ya ga irin wahalar da aka sha kafin a murƙushe manoman Yukren, ya kuma san cewa mutanen da suka ɗanɗani 'yanci ba za su yarda a mayar da su lardi ba. Ra'ayin Lenin ya yi nasara. Ranar 30 ga Disamba, 1922, Rasha da Yukren da Belarus da Tarayyar Kokasus suka kafa Tarayyar Sobiyet a matsayin abokan tarayya, kuma kundin tarayyar na 1924 ya ba kowace jamhuriya haƙƙin ficewa.

To, amma ba a nan gizo ke saƙa ba. Tsarin tarayya ya tsaya ne a kan hukumomin gwamnati, bai taɓa jam'iyya ba, alhali jam'iyya ce ke mulki. Jam'iyyar Kwaminis ta Yukren a Mosko aka kafa ta a watan Yulin 1918, kuma babban taron jam'iyyar Rasha na 1919 ya yanke cewa kwamitocin jam'iyya na jamhuriyoyi matsayinsu ɗaya da na kwamitocin larduna, dole su bi umarnin cibiya. Saboda haka ministan da kundi ya ba shi iko a Kharkiv ɗan jam'iyya ne da Mosko ke iya cirewa da wasiƙa guda. Lazar Kaganovich, da Stanislav Kosior, da Nikita Khrushchev, dukkansu daga Mosko aka naɗa su su riƙe jam'iyyar Yukren. Wannan shi ne abin da Bahaushe ke cewa rijiya ta ba da ruwa, guga ya hana.

Duk da haka, ba daidai ba ne a ce shekarun 1920 yaudara ce zalla. Daga 1923 jam'iyya ta ɗauki manufar raya harsuna da al'adun ƙabilun tarayya, kuma a Yukren an tafi da abin nesa. An mayar da yawancin makarantu zuwa harshen Yukren, jaridu da littattafai suka yawaita, aka tilasta wa ma'aikatan gwamnati su koyi harshen ko su rasa aiki. Mykola Skrypnyk, tsohon ɗan Bolshevik da ya riƙe ma'aikatar ilimi daga 1927, ya yi imani da kwaminisanci kuma ya yi imani da Yukren, bai ga saɓani tsakanin biyun ba. Marubuci Mykola Khvylovy ya kai ga kiran marubutan ƙasarsa su daina kwaikwayon Mosko su fuskanci Turai, maganar da ta harzuƙa Stalin. Kundi na biyu, na 1929, ya zo ne a ƙarshen wannan zamani, kuma babban aikinsa shi ne daidaita dokar Yukren da ta tarayya.

A wannan shekara ta 1929 aka fara tilasta wa manoma shiga gonakin haɗin gwiwa. Gwamnati ta ɗora wa Yukren adadin hatsin da ya fi ƙarfinta, da aka kasa cikawa kuma sai aka ce zagon ƙasa ne. Dokar 7 ga Agusta, 1932, ta tanadi kisa ko ɗaurin shekara goma ga wanda ya taɓa dukiyar gonar haɗin gwiwa, har aka riƙa hukunta mutane a kan 'yan zangarniyoyin alkama da suka kala bayan girbi. Ƙauyen da aka sa sunansa a baƙin allo, ana rufe masa kanti, ba gishiri, ba ashana, ba kananzir, sannan 'yan bincike su shigo da sandunan ƙarfe suna tsire ƙasa da bangon ɗaka don neman hatsin da aka binne. Ranar 22 ga Janairu, 1933, aka ba da umarnin hana manoma fita daga Yukren da yankin Kuban na kudancin Rasha, ga yunwa a gida, ga hanya a rufe. Masana yawan jama'a sun ƙiyasta cewa mutum kusan miliyan huɗu ne suka mutu a Yukren a wannan yunwa ta ganganci da ake kira Holodomor, wadda majalisar ƙasar ta ayyana a matsayin kisan ƙare dangi a 2006. Yunwar ta kuma kashe ɗimbin mutane a Kazakistan da wasu sassan Rasha, amma a Yukren an haɗa ta da farautar masu kishin harshe. Khvylovy ya harbe kansa a watan Mayun 1933, Skrypnyk ya bi shi a watan Yuli. A shekara mai zuwa aka mayar da babban birni daga Kharkiv zuwa Kiyev.

Kundi na uku, wanda aka amince da shi ranar 30 ga Janairu, 1937, ya fi sauran daɗin karatu. Ya ba kowane baligi ƙuri'a, ya yi alkawarin zaɓen sirri, da 'yancin magana, da na taro, da kariya daga kamun zalunci, ya kuma kafa majalisar ƙoli mai suna Verkhovna Rada, sunan da majalisar Yukren ke amsawa har gobe. Ga yadda zaɓen yake a aikace: takardar ƙuri'a suna ɗaya ke kanta, mai goyon baya zai karɓa ya jefa a akwati a gaban kowa, mai adawa kuwa sai ya ratse zuwa ɗan ɗakin labule ya soke sunan, kuma kowa ya ga wanda ya ratse. Ba abin mamaki ba ne da sakamako ke haura kashi 99 cikin ɗari. A shekarar da kundin ya fara aiki, shugaban gwamnati Panas Liubchenko ya kashe kansa bayan an zarge shi da cin amana, an harbe fitattun marubuta da 'yan wasan kwaikwayo irin su Mykola Zerov da Les Kurbas a dajin Sandarmokh da ke arewacin Rasha, an kuma share kusan dukan shugabannin jam'iyyar Yukren. Kosior kansa an kama shi a 1938, aka harbe shi a 1939.

Taswirar Yukren ta yau, da dama daga cikin iyakokinta a zamanin yaƙin duniya na biyu da bayansa aka shata su. A 1939, bayan yarjejeniyar Hitler da Stalin, sojojin Sobiyet suka karɓe yammacin ƙasar daga Polan. A 1940 aka ƙara arewacin Bukovina da wani sashe na Bessarabia daga Romaniya, a 1945 aka ƙara yankin da ke bayan tsaunukan Karpatiya daga Cekoslobakiya, sannan a 1954 aka mayar da yankin Kirimiya daga Rasha zuwa Yukren, shekara goma bayan an kwashe Tatar Musulmi, 'yan asalin wurin, zuwa tsakiyar Asiya. A yammaci 'yan tawaye sun ci gaba da yaƙi har farkon shekarun 1950, kuma a 1946 aka haramta cocin Katolika na gargajiyar yankin.

A 1944 an yi wani gyara da mutane da yawa suka ɗauka wasa ne. An ba jamhuriyoyi damar kafa ma'aikatar harkokin waje, domin Stalin yana neman kujera goma sha shida a Majalisar Ɗinkin Duniya, daga baya ya haƙura da uku. Ta haka Yukren ta shiga cikin ƙasashen da suka kafa majalisar a 1945, shekara goma sha biyar kafin Nijeriya da Nijar su sami kujerunsu, har ta zauna a Kwamitin Sulhu sau biyu, ko da yake ba ta da ofishin jakadanci a kowace ƙasa kuma ba ta taɓa fita daga layin Mosko ba.

Shin akwai wanda ya taɓa gwada haƙƙin ficewar nan? Akwai. Levko Lukianenko lauya ne da ya yi karatu a Jami'ar Mosko, ɗan jam'iyya kuma, aka tura shi aiki yankin Lviv. Shi da Ivan Kandyba da wasu 'yan tsiraru suka shirya ƙungiyar da za ta nemi ficewar Yukren ta hanyar lumana, suna kafa hujja da sashe na 17 na kundin tarayya. A 1961 aka gurfanar da su a asirce, aka yanke wa Lukianenko hukuncin kisa bisa laifin cin amanar ƙasa, daga baya aka sassauta zuwa ɗaurin shekara goma sha biyar. Hukuncin nan ya fayyace abin da babu wani kundi da ya rubuta, wato haƙƙin yana nan, amma neman aiki da shi laifi ne. Da ya fito a 1976 ya shiga ƙungiyar Helsinki ta Yukren mai sa ido kan haƙƙin ɗan Adam, wadda ita ma dabararta ita ce tuna wa gwamnati dokokin da ta sa wa hannu. Aka sake kama shi a 1977. Abokin gwagwarmayarsa, mawaƙi Vasyl Stus, ya mutu a sansanin fursunoni na yankin Perm a 1985.

Kundi na huɗu, na 20 ga Afrilu, 1978, ya zo a zamanin Volodymyr Shcherbytsky, wanda ya gaji Petro Shelest a shugabancin jam'iyyar Yukren a 1972 bayan an zargi Shelest da sassauci ga masu kishin ƙasa. Sashe na 6 ya bayyana jam'iyya a matsayin jagorar al'umma, haƙƙin ficewa kuma yana nan daram. A cikin wannan wata na Afrilu mutanen Jojiya suka fito zanga-zanga har aka bar musu harshensu a matsayin harshen hukuma, amma kundin Yukren bai ba harshenta irin wannan matsayi ba, makarantun da ke koyarwa da Rashanci kuwa suna ta ƙaruwa a birane.

Hatsarin tashar nukiliya ta Chernobyl, ranar 26 ga Afrilu, 1986, ya nuna wa jama'a iyakar ikon gwamnatinsu, domin kwana biyar bayan fashewar aka fito da yara faretin ranar ma'aikata a titunan Kiyev. Daga nan al'amura suka riƙa sauri. A 1989 aka kafa ƙungiyar Rukh ta masu neman sauyi, Shcherbytsky ya sauka, aka mayar da harshen Yukren na hukuma. A zaɓen Maris 1990 'yan adawa suka sami kusan rubu'in kujeru 450, kuma ranar 16 ga Yuli majalisa ta ayyana cewa dokar Yukren tana gaba da ta tarayya, da ƙuri'a 355, huɗu kawai suka ƙi. A watan Oktoba ɗalibai suka yi yajin cin abinci a dandalin Kiyev har firaminista Vitaliy Masol ya ajiye aiki, aka kuma soke sashe na 6. Sai a watan Afrilun 1990 ne Mosko ta yi dokar da ta bayyana yadda ake ficewa, ta cika ta da sharuɗɗa, har da rinjayen kashi biyu cikin uku da jiran shekara biyar.

Yukren ba ta bi wannan doka ba. Da juyin mulkin 'yan ra'ayin riƙau ya ci tura a Mosko, majalisar da 'yan kwaminis suka fi yawa a cikinta ta ayyana 'yancin kai ranar 24 ga Agusta, 1991, kuma Lukianenko, wanda a lokacin ɗan majalisa ne, yana cikin waɗanda suka rubuta takardar. Ranar 1 ga Disamba fiye da kashi 90 cikin ɗari na masu zaɓe suka amince, har da kusan kashi 84 a yankunan Donetsk da Luhansk na gabashin ƙasar, da kashi 54 a Kirimiya, aka kuma zaɓi Leonid Kravchuk, tsohon jami'in farfagandar jam'iyya, shugaban ƙasa. Mako guda bayan haka, shugabannin Rasha da Yukren da Belarus, uku daga cikin huɗun da suka kafa tarayyar a 1922, suka sanar da cewa ta daina wanzuwa.

Abin lura shi ne, sabuwar ƙasar ta tashi ne da majalisar 1937, da iyakokin 1954, da kujerar 1945, kuma ta ci gaba da aiki da kundin 1978 ana yi masa faci kusan shekara biyar, shugaban ƙasa da majalisa suna ta ja-in-ja a kan iko. Sai ranar 28 ga Yuni, 1996, a zamanin shugaban ƙasa Leonid Kuchma, bayan 'yan majalisa sun kwana suna muhawara a kan harshe, da tuta, da mallakar dukiya, da matsayin Kirimiya, aka amince da sabon kundi da ƙuri'a 315.