Mutumin da ya tsorata duniya daga ɗakin kwanansa

Bashir: To, tun makon jiya masu saurare suke damun mu da saƙo, wai sai mun yi maganar Oren Peli.

Hauwa: Kai ne dai kake damun mu.

Bashir: Na ji. Amma ku duba fa, mutumin nan bai taɓa shiga makarantar koyon fim ba, aikinsa rubuta manhajar wasannin bidiyo. Ya gyara gidansa da ke San Diego, ya samo 'yan wasa biyu da ba wanda ya san su, a 2006 cikin kwana bakwai ya ɗauki fim ɗin ban tsoro mai suna Paranormal Activity. Kuɗin da ya kashe wajen dala 15,000 ne.

Sani: 'Yan wasan ma da farko dala 500 aka ba kowannensu.

Bashir: Da kamfanin finafinai na Paramount ya sake shi a 2009, ya tara kusan dala miliyan 193. Kuma me ke ciki? Mutum biyu suna barci, agogon kyamara yana tafiya, ƙarfe biyun dare ta wuce, ƙofa ta ɗan motsa. Shi ke nan! Amma ka zuba wa ƙofar nan ido kamar za ta yi magana.

Hauwa: Ni abin da ke ba ni haushi da irin waɗannan finafinai, abu ya biyo ka, kana gudu, amma kyamara na hannunka. Ka yar mana!

Sani: Haya ya ɗauko ta, in ta fashe shi zai biya.

Hauwa: Wato ya fi tsoron mai kyamara a kan aljanin.

Sani: Aljani ai sau ɗaya zai zo, mai kyamara kullum sai ya kira.

Hauwa: "Ina murfin gilashin?"

Sani: A gawarka ma sai ya laluba aljihu!

Bashir: Kun gama? Wannan matsalar ce Peli ya kauce wa. Da dare kafe kyamarar ake yi a kan ƙafafunta, tana kallon gado, babu mai riƙe da ita balle ka ce ya gudu. Sai dai ga inda abin ya ba ni tausayi. Fim ɗinsa na biyu, Area 51, an ɗauke shi tun 2009, bai fito ba sai 2015, kuma bai yi wani tasiri ba. Daga nan sunansa ya fi fitowa a matsayin furodusa, kamar a fim ɗin Insidious. Dabarar da ta yi aiki saboda ba ka da ko sisi, in kuɗi ya shigo sai ta...

Hauwa: Bashir, lokaci.

Bashir: Ban ma taɓo su Myrick da Sánchez da suka yi fim ɗin ban tsoro na The Blair Witch Project a 1999 ba!

Sani: Mako mai zuwa. Wa ya buɗe ƙofar can?

Hauwa: Sani, ka daina.