Darasin sulhu ga 'yan makaranta: kada ka yi saurin cewa "a yi haƙuri"

Assalamu alaikum jama'a masu saurare, barkanmu da warhaka, barkanmu da sake haɗuwa cikin wanga shiri daga nan Gusau. Darasin yau na 'yan makaranta ne, musamman monitoci da firifet da duk wani yaro ko yarinya da in rigima ta tashi a aji ko a hostal shi ake kira a ce zo ka raba. Iyaye da malamai ku ma kada ku kashe rediyo don abin da zan faɗa ya shafi tsakar gida kamar yadda ya shafi makaranta. Kuma ba sulhun gwamnati da mutanen daji nake nufi ba, wancan magana ce ta manya, mu namu na tsakanin ɗalibi da ɗalibi ne.

To 'ya'yana, Allah Ya ce a Suratul Hujurat aya ta 10 muminai 'yan uwan juna ne, ku yi sulhu tsakanin 'yan uwanku, a Suratun Nisa'i aya ta 128 kuma Ya ce sulhu alheri ne. Wannan kowa ya sani, an karantar da mu tun a islamiyya. Abin da ba a cika koya muna ba shi ne YADDA ake yin shi, shi ya sa da an kawo muna mutum biyu sai mu yi abin da muka ga ana yi, mu ce kai yi haƙuri, ke yi haƙuri, ku gaisa, a bar ma Allah, shi ke nan kowa ya watse mu kuma mu tafi muna jin mun yi aikin lada alhali ko tambayar mi ya faru ba mu yi ba. Kuma ku lura da kyau, kusan kullum ƙaramin ake sa wa ya ba da haƙuri, ko shi aka zalunta. Wallahi wannan abin yana ci mini rai. Kamar a ɗaure gyambo ne da tsumma ba a wanke shi ba, daga waje ka ga an rufe, ciki kuwa yana ta ruɓa.

Bari in ba ku misali da abin da duk 'yar makarantar kwana ta sani. Layin ruwa da asuba a bakin famfo. Yarinya 'yar aji ɗaya ta tashi tun kafin kiran salla ta aje bokitinta a layi, ta koma ta yi shara, ta dawo ta tarar siniya ta ture bokitin gefe ta sa nata, garin turewa ma bakin bokitin ya tsage. Yarinya ta yi magana, siniya ta ce rashin kunya ce ta mare ta, ƙawaye suka shigo, kafin a buga ƙararrawar asambuli hostal ya rabu biyu. An kira ki ke firifet. Mi za ki yi?

Farko ki raba su da taron. Ba a sulhu a gaban 'yan kallo, domin a gaban ƙawaye ba wadda za ta yarda ta sauko, kowa tana kare girmanta ne. Ki ce kowa ta tafi aji, mu haɗu bayan an tashi, ƙarƙashin bishiya ko wani ajin da ba kowa. Jinkirin nan yana da amfani, Annabi (SAW) ya hana alƙali ya yi hukunci yana cikin fushi, to ina ga waɗanda su ne ma ke cikin fushin.

In kun zauna, kafin kowa ta buɗe baki ki gindaya sharaɗi: ba zagi, ba katse magana, kuma abin da aka faɗa nan ya tsaya nan. Ki faɗa masu a fili cewa ni ba alƙaliya ba ce, ba zan ce wance ta ci wance ta faɗi ba, ba kuma bulala a hannuna. Sannan ku zauna daidai, kada siniya ta hau benci ƙaramar tana durƙushe a ƙasa, in tabarma ce kowa tabarma. Wani zai ce ai wannan ƙaramin abu ne, a'a, yarinyar da ke durƙushe ta riga ta san yadda zaman zai ƙare, ba za ta faɗi komai ba sai "ba komai Anti".

Sai sauraro, kuma nan ne aikin yake. Kowa ta faɗi nata har ta gama. Lokacin da Annabi (SAW) zai tura Sayyidina Ali Yaman ya yi mashi wasiyya cewa in mutum biyu suka zauna gabanka kada ka yanke har sai ka ji daga na biyun kamar yadda ka ji daga na farko. Ke kuma da take magana kada ki riƙa gyaɗa kai kina cewa "gaskiya ne", kada ki ce "ai ni ma na sani halinta ne". In ta gama ki maimaita mata abin da kika ji da bakinki amma ki cire zafin. Ta ce "wannan muguwar kullum sai ta wulaƙanta ni", ke sai ki ce "wato ba yau ne farko ba, kuma abin da ya fi maki ciwo shi ne an yi a gaban mutane, haka ne?" Za ki ga ta yi ajiyar zuciya ta ce e haka ne. Da yawa abin da suke nema ke nan, a ce an ji su.

Kuma ki tambaya, ki sake tambaya a hankali, don ruwa ba ya tsami banza. Sau da yawa bokiti ba shi ne maganar ba. Wataƙila ƙaramar nan bokitin shi kaɗai gare ta, mahaifinta sai da ya sai da hatsi ya haɗa mata kayan makaranta kuma ta san ba wani sai hutu. Wataƙila siniyar ita ke da aikin dainin ranar nan tana tsoron ta makara a hukunta ta. In wannan ya fito fili sai ki ga fuskokinsu sun canza, don kowa ta fara ganin ɗayar a matsayin mutum.

A nan Zamfara dole in ƙara wani abu. Yaranmu da yawa sun zo makaranta da nauyin da ya fi ƙarfin shekarunsu, wasu an tashi ƙauyensu suna zaune gidan dangi a Gusau ko Anka ko Tsafe, wasu sun rasa uba, kuma ba wanda ya manta daren da aka kwashe ɗalibai mata a Jangebe cikin Fabrairun 2021. To yaro irin wannan abu kaɗan ke tunzura shi. Sannan akwai kalmar da in ta fito a faɗan yara ba a wuce ta, wato a kalli yaro don shi Bafulatani ne a kira shi ɓarawon daji, ko a yi ma wani gori da gudun hijira. Ko an shirya kan biro ko littafin da aka fara faɗan a kai, in ba a dawo kan wagga kalma ba wanda ya faɗe ta ya janye da bakinshi, to ba a yi komai ba. Yaron da ke zaune kusa da kai a aji bai kai hari garin kowa ba.

Sai mafita. Kada ke ki yanke, ki tambaye su, yanzu ya kuke ganin za a yi? Ku tuna lokacin da Ƙuraishawa suka sake gina Ka'aba, Annabi (SAW) yana da shekara 35 ba a aiko shi ba tukuna, kabilu suka kusa zub da jini kan wa zai ɗora Hajarul Aswad. Bai zaɓi kabila ɗaya ba, ya shimfiɗa mayafi ya ɗora dutsen a tsakiya ya ce kowace kabila ta kama gefe, suka ɗaga tare, sannan ya sa hannu ya aje shi a wurinshi. Ba wanda ya koma gida da jin an kayar da shi. Irin wannan ake nema. A maganar bokiti kuwa ba a tsaya kan "na yi haƙuri" ba, a faɗi abu takamaimai: siniya za ta kai a liƙe bokitin ko ta saya sabo ranar da aka zo ziyara, kafin nan su riƙa amfani da nata, ta kuma ba da haƙuri kan marin, ita ma ƙaramar in ta yi zagi ta janye. Haƙƙi a biya shi, sannan haƙuri ya biyo baya. In mai haƙƙin ta ce ta yafe don kanta, madalla, amma ba a matsa mata.

Wani lokaci ɗaya zai ƙi zama sam. To sai ka bi su ɗaya-ɗaya, kuma abin da za ka ɗauka daga wannan zuwa wancan alheri ne kawai. In ya yi zagi goma ya ce a ƙarshe "ni da ma ba na son faɗa da shi", wannan guda ɗayar za ka kai, zagin ka bar shi nan. Mai sulhun da ke kai duk abin da ya ji ya zama ɗan kai-komo, ya ƙara ma wuta fetur.

Sannan ku san iyakarku, wannan ku riƙe shi da kyau. In an fito da wuƙa ko wani makami, in an ji ma wani ciwo, in maganar ƙwaya ce, in wani babba ne ke taɓa yaro ko yarinya ta hanyar da ba ta dace ba, ko siniya ya mai da duka da ƙwace abincin yara sana'a, wannan ba na zama ƙarƙashin bishiya ba ne kuma alkawarin sirri bai hau kanshi ba, a kai ma malamin hostal ko shugaban makaranta nan take. Haka in ɗaya daga cikinsu ɗan ɗakinku ne ko ɗan garinku, ka ce a nemo wani, ko ka yi adalci ɗayan ba zai yarda ba.

Bayan an tashi kada ka ce aiki ya ƙare. Musulunci bai yarda mutum ya ƙaurace ma ɗan uwanshi fiye da kwana ukku ba, to kai ma ka ɗauki kwana ukkun nan, ka leƙa ka gani suna gaisawa? An liƙe bokitin? Ƙawayen da suka shiga faɗan su ma sun sauko ko suna can suna habaici? In ka ga da saura sai a sake zama, ba abin kunya ba ne.

Lokaci ya cim muna. Mako mai zuwa in Allah Ya kai mu za mu ɗauki faɗan da ke farawa a guruf na WhatsApp lokacin hutu ya biyo yara har cikin aji. Wassalamu alaikum.